Idan gidan talabijin ya yi wa kansa ba'a, jarumta ce ko dabara?

Mai-Sauraro ya rubuta:

Assalamu alaikum, 'yan'uwa. Tambayata a kan wani wasan barkwanci ne na ƙasar Birtaniya mai suna W1A, wanda tashar BBC Two ta fara nunawa a watan Maris na 2014, aka yi masa zango na biyu a 2015, na uku kuma a 2017. Abin da ya raba shi da sauran wasannin ban dariya shi ne BBC ce ta sa aka shirya shi da kuɗinta, an ɗauki sassa da dama nasa a cikin hedikwatarta da ke Landan, kuma BBC ɗin ce ake yi wa gugar zana tun daga farkonsa har ƙarshensa. Hatta sunan wasan daga lambar gidan waya ta adireshin wannan gini aka ɗauko shi, wato Broadcasting House, inda Sashen Hausa ma ya koma tare da sauran sassan harsuna lokacin da aka tashi daga Bush House a 2012.

Ga wanda bai taɓa kallo ba, labarin wani mutum ne mai suna Ian Fletcher, wanda Hugh Bonneville ya fito a matsayinsa, da aka naɗa shugaban kula da aƙidojin BBC, muƙamin da shi kansa ba zai iya bayyana aikinsa a taƙaice ba. Yakan zo aiki a kan keke mai naɗewa, ya shiga ginin da aka kashe kimanin fam biliyan ɗaya wajen gyarawa da faɗaɗa shi, amma ba shi da ofis, ba shi da tebur nasa na kansa, domin sabon tsari ya ce kowa ya zauna inda ya samu. Yawancin wasan a ɗakunan taro masu bangon gilashi yake gudana. Manyan jami'ai su kewaye tebur, wannan ya ce eh, wancan ya ce a'a, wani ya haɗa eh da a'a a numfashi ɗaya, a rufe da madalla, a tashi ba a yanke komai ba, sannan kowa ya fita yana mai imani cewa an yi aiki. A zango na farko akwai inda rashin wanda zai fito ya faɗi gaskiya ya sa aka bar shahararrun masu gabatar da shirye-shirye mata biyu kowace tana zaton ita za ta gabatar da shiri ɗaya.

Na yi dariya sosai, amma bayan dariyar wani abu ya tsaya mini a rai. Me ya sa hukuma kamar BBC za ta yarda a nuna shugabanninta a haka, a tasharta, a cikin gininta? Shin wannan alama ce ta gidan da ya isa da kansa har ba ya tsoron a ga aibinsa, ko kuwa wata hanya ce ta riga malam masallaci, a faɗi ƙananan laifuka da bakin kai domin kada a tsaya a kan manya? Ina so in ji musamman daga waɗanda suka taɓa aiki a gidajen rediyo da talabijin.

Bazazzage ya rubuta:

Wa alaikumus salam, Malam Mai-Sauraro. Ni a wurina dabara ce, kuma lokacin da aka fitar da wasan ya isa shaida. A tuna halin da BBC take ciki kafin 2014. A watan Oktoba na 2012 tashar ITV ta fallasa cin zarafin yara da mata da Jimmy Savile ya kwashe shekaru yana yi, mutumin da ya yi suna a shirye-shiryen BBC kuma ya mutu a 2011 ba tare da an gurfanar da shi ba. Sai kuma ta bayyana cewa shirin Newsnight na BBC ya fara bincike a kansa a ƙarshen 2011, aka ajiye binciken ba a watsa ba. A watan Nuwamba na 2012 babban darakta George Entwistle ya sauka bayan kwana 54 kacal a kan kujera, sakamakon wani rahoton na Newsnight da ya jawo aka ɗora wa wani tsohon ɗan siyasa laifin da bai aikata ba. A 2013 aka soke wani babban aikin zamanantar da na'urorin adana shirye-shirye bayan ya lashe kusan fam miliyan 100, kuma a wannan shekarar ce masu binciken kuɗi na gwamnati suka gano an biya manyan jami'ai 150 fam miliyan 25 na sallama cikin shekara uku, wasunsu fiye da abin da yarjejeniyar aikinsu ta tanada.

To, gidan da yake ɗauke da wannan kaya, me ya fi masa amfani fiye da wasan da zai nuna shugabanninsa a matsayin mutane masu kyakkyawar niyya waɗanda surutu da taro suka yi wa yawa? Mai kallo zai tashi yana cewa wawaye ne amma ba mugaye ba ne, kuma wannan babbar riba ce ga hukumar da ake zargi da rufe ido a kan cin zarafi. Ku lura kuma cewa zango na biyu ya faɗo ne daidai lokacin da ake ja-in-ja da gwamnati a kan sabunta yarjejeniyar da BBC take aiki a ƙarƙashinta, wadda sabuwarta ta fara aiki a watan Janairu na 2017. Kuɗin lasisin talabijin da gidaje suke biya an daskarar da shi a kan fam 145.50 daga 2010 zuwa 2017, kuma a 2015 aka ɗora wa BBC nauyin lasisin kyauta na tsofaffi masu shekara 75 zuwa sama. A irin wannan yanayi tana bukatar jama'a su so ta, kuma mutane suna son wanda yake iya yi wa kansa dariya.

Mu ma mun san wannan tsari a fada. Wawan sarki yana faɗin abin da waziri ba zai iya faɗa ba, sarki ya yi dariya, fadawa su yi dariya, amma a gidan sarki yake ci, kuma ya san iyakar inda harshensa zai tsaya. Ban ce marubucin wasan, John Morton, ya zauna da shugabannin BBC sun ƙulla wani abu ba. Abin da nake cewa shi ne ba a bukatar a ƙulla komai, domin wanda aka buɗe wa ƙofar gida aka ba shi makullin ɗakin taro ya riga ya san ɗakunan da ba a shiga.

Tsohon Edita ya rubuta:

Malam Bazazzage, duk abubuwan da ka lissafa sun faru, ba na jayayya da ko ɗaya. Inda na saɓa da kai shi ne ɗaukar abin da wasan yake suka a matsayin ƙaramin laifi. Na yi shekaru masu yawa a ɗakin labarai na wani gidan rediyo kafin in yi ritaya, kuma ina tabbatar maka cewa irin taron da ake nunawa a wannan wasa shi ne ƙofar da manyan laifuka suke bi su shiga.

Ka ɗauki aikin nan na fam miliyan 100 da ka ambata. Ba sata aka ce an yi ba. Aiki ne da ya daɗe yana tangal-tangal, rahotanni suna hawa daga tebur zuwa tebur da lafazi mai daɗi, ba a samu wanda ya taka masa birki da wuri ba. Haka ma batun Savile, rahoton da Dame Janet Smith, tsohuwar alƙaliyar da BBC ta ɗora wa bincike, ta fitar a watan Fabrairu na 2016 ya yi magana a kan yanayin aikin da ƙananan ma'aikata suke tsoron kai ƙara sama, kuma ake girmama taurari fiye da kima. Wannan ita ce cutar da W1A yake nunawa, sai dai ya nuna ta a inda za a iya yi mata dariya. Dubi Simon Harwood, daraktan nan da Jason Watkins ya fito a matsayinsa. Kullum fuskarsa a sake take, kullum yana yabon shawarar da aka kawo, yakan nuna cewa babban darakta yana sane da maganar, amma da zarar an zo wurin ɗaukar alhaki sai ya miƙa wa Ian Fletcher cikin ladabi ya fice. Ba ya ƙarya ƙarara, ba ya zagin kowa, kuma ba za ka taɓa samun sa hannunsa a kan takardar da ta jawo matsala ba. Duk wanda ya yi aiki a babbar ma'aikata ya san wannan mutum, kuma ya san ɓarnar da yake yi ta fi ta mai faɗa da hayaniya.

Bari in ba ku misali daga inda na yi aiki, ba tare da ambaton suna ba. Wani wakilinmu ya kawo rahoto a kan rijiyoyin wata unguwa da ruwan wata masana'anta ya gurɓata, da muryoyin mata uku da suka nuna masa ƙurajen da suka fito wa 'ya'yansu. Masana'antar tana cikin masu ba mu talla. Babu wanda ya ce kada a watsa. An kira taro, aka yaba wa wakilin, aka ce rahoto ne mai muhimmanci da ya kamata a ƙara masa ƙarfi, aka kafa kwamitin mutum uku, ɗaya daga cikinsu yana shirin tafiya hutu. Wakilin yana tsaye a bakin ƙofa da na'urar ɗaukar magana a hannunsa, yana jiran a ce masa eh ko a'a, har aka yi addu'ar rufe taro. Rahoton bai fita ba, kuma da za a bincika yau ba za a samu mutum ɗaya da ya hana shi fita ba. Har yanzu abin yana ci mini rai, domin waɗannan mata sun yarda da mu ne suka yi magana.

Saboda haka lokacin da na ga W1A ban ga wasan yara ba. Mai ɗaki shi ya san inda yake yi masa yoyo, kuma wannan irin yoyo na waje ba ya iya hango shi, domin daga waje komai yana tafiya bisa ƙa'ida.

Game da cewa wasan bai tsaya a kan Savile ba, ni ina ganin ya yi daidai. Akwai waɗanda aka zalunta suna raye, ba abin barkwanci ba ne, aikin 'yan jarida ne. Kuma a yi adalci, 'yan jaridar BBC sun yi wannan aiki a kan gidansu. Shirin Panorama ya binciki abin da BBC ta sani a watan Oktoba na 2012, kuma a safiyar ranar da Entwistle ya sauka, John Humphrys, ma'aikacinsa, ya titsiye shi da tambayoyi kai tsaye a gidan rediyonsu har ta bayyana cewa bai san abin da yake faruwa a ƙarƙashinsa ba. Gidan da ɗan jarida zai iya yi wa shugabansa haka shi ne gidan da zai iya haifar da W1A.

Ɗalibar Jarida ta rubuta:

Baba Tsohon Edita, Allah ya ƙara girma, labarin wakilin nan ya taɓa ni ƙwarai. Ni abin da ya fi tsaya mini a wasan shi ne Lucy Freeman, mai shirya shirye-shiryen da Nina Sosanya ta fito a matsayinta. Ta samo wani marubuci daga arewacin Ingila da labarinsa mai kyau, amma duk ofishin da suka shiga sai a yabe shi sannan a nemi ya canza wani abu, yau garin da labarin ya faru, gobe mutanen cikinsa, har abin ya kusa fita daga hannunsa. Ita ce take yin ainihin aikin da aka kafa gidan dominsa, kuma ita ce mafi ƙarancin iko a ɗakin. A gefe guda kuma ga Siobhan Sharpe ta kamfanin tallata suna, wadda ba ta kallon shirye-shiryen da take ba da shawara a kansu, amma ana sauraronta. A matsayina na mai shirin shiga wannan sana'a, wannan bai sa na ji shugabannin sun burge ni ba, tsoro ya ba ni. Don haka ban yarda da Malam Bazazzage cewa kowa yana tashi yana tausaya musu ba.

Malamin Adabi ya rubuta:

Ina ganin maganar za ta fi fitowa fili idan aka ajiye W1A kusa da 'yan'uwansa, domin ba shi ne na farko ba. Tashar Channel 4 ta Birtaniya ta nuna Drop the Dead Donkey daga 1990 zuwa 1998, wanda Andy Hamilton da Guy Jenkin suka rubuta. A ɗakin labaran wata tashar ƙirƙira mai suna Globelink yake faruwa, bayan wani hamshaƙin attajiri, Sir Roysten Merchant, ya saye ta, kuma kowa ya lura cewa haruffan farko na sunansa sun yi daidai da na Robert Maxwell da Rupert Murdoch, manyan masu kafafen yaɗa labarai na lokacin. Ana ɗaukar wasan ne dab da ranar nuna shi domin a saka labaran makon. Haƙoransa sun fi na W1A kaifi nesa ba kusa ba. Akwai wakili Damien Day, wanda yake yawo da 'yar tsanar yara yana ajiye ta a wurin da aka yi bala'i kafin a kunna kyamara, domin hoton ya fi sa mutane kuka. Wannan zargi ne na ha'inci a tsakiyar sana'ar, ba na yawan taro ba. Amma a lura, tashar ƙirƙira ce, kuma waɗanda ake harbi masu wasu gidajen ne. Laifi tudu ne, Channel 4 ta taka nata ta hango na wasu.

Wanda ya fi kusa da tambayar Malam Mai-Sauraro shi ne 30 Rock na Amurka, wanda Tina Fey ta ƙirƙira, tashar NBC ta nuna daga 2006 zuwa 2013. Ya kira NBC da sunanta, ya kira kamfanin General Electric da yake mallakarta a lokacin, har ya sanya shugaban shirye-shiryen talabijin ya zama shi ne kuma mai kula da sashen na'urorin ɗumama abinci, domin a nuna yadda kamfanin yake kallon shiri da tukunya a matsayin haja iri ɗaya. Da kamfanin Comcast ya zo sayen tashar, cinikin da ya kammala a farkon 2011, wasan ya saka wannan ma a cikin labarinsa da wani suna na ƙirƙira. Me ya sa aka ƙyale shi? Ya ci kyautar Emmy ta wasan barkwanci mafi kyau sau uku a jere, daga 2007 zuwa 2009, yana jawo wa tashar daraja. A nan Malam Bazazzage yana da gaskiya, domin ba'ar da take kawo riba mai gida yana iya haɗiye ta. Sai dai ribar da mai gida ya samu ba ta goge abin da mai kallo ya koya ba. Miliyoyin mutane sun fahimci cewa tashar da suke kallo tana da mai ita, kuma mai ita yana da wasu harkokin da yake karewa.

Wannan ne ya sa nake jin zafin rashin irinsa a wajenmu. Ba basira muka rasa ba. 'Yan kama sun daɗe suna kwaikwayon malamai, yara suna kwaikwayon manya a wasannin tashe cikin azumi, kuma marigayi Usman Baba Pategi ya yi shekaru yana nuna rayuwar bariki a Samanja Mazan Fama har a zamanin mulkin soja, sojojin kansu suna kallo suna dariya. Amma tun da dokar 1992 ta buɗe ƙofa ga tashoshi masu zaman kansu a Najeriya, yawancin gidajenmu ko dai na gwamnati ne ko na mutum ɗaya mai alaƙa da siyasa ko kasuwa. A W1A shugaba wani ne da aka ɗauka aiki, gobe ana iya sauya shi, kuma kuɗin gidan daga aljihun miliyoyin masu biyan lasisi yake fitowa. A wajenmu idan ka yi wa shugaban tasha ba'a, sau da yawa wanda yake biyan albashinka ka taɓa, ko gwamnan da ya naɗa shi.

Mai-Sauraro ya rubuta:

Na gode muku duka, Allah ya saka da alheri. Bayanin Baba Tsohon Edita ya sa na koma na sake kallon wasu sassa, kuma yanzu dariyar Simon Harwood ba ta zuwa mini da sauƙi kamar da. Duk da haka akwai abin da ya rage mini daga maganar Malam Bazazzage. A watan Yuli na 2017, watanni kaɗan kafin zango na uku, BBC ta wallafa albashin taurarinta masu karɓar sama da fam 150,000, aka ga tazarar da ke tsakanin maza da mata, har Carrie Gracie ta ajiye muƙaminta na editar China a watan Janairu na 2018. A 2022 kuma aka sanar da rage guraben aiki 382 a sashen da yake watsa wa duniya shirye-shirye, rediyon Larabci ya rufe a watan Janairu na 2023 bayan shekara 85. Wasan ya nuna cutar, amma ban ga alamar ya rage ta ba. Baba, idan da a ce wani matashi zai rubuta irinsa da Hausa, ina ya kamata ya fara, kuma wa zai nuna masa?

Tsohon Edita ya rubuta:

Malam Mai-Sauraro, ba na tsammanin wasa ya taɓa gyara albashi ko hana rufe tasha, wannan aikin ƙungiyar ma'aikata ne da majalisa da masu sauraro. Amma ma'aikacin da ya ga halin shugabansa a allo yakan daina zaton shi kaɗai ne yake ganin abin, kuma wannan yana ba shi ƙarfin buɗe baki a taro na gaba.

Shi kuwa matashin da ka ambata, kada ya kwaikwayi ɗakunan gilashi, domin ba su ne damuwarmu ba. Ya fara da wakilin da ya yi wata uku ba albashi, yana tsaye a harabar otal bayan taron manema labarai yana jiran a raba na goro. Ya nuna sojojin baka biyu da suka sayi fili suna yi wa juna zambo a iska saboda iyayen gidansu, sannan su hau babur ɗaya su tafi gida. Ya nuna editan da yake sauya jerin labarai minti biyar kafin lokaci saboda an bugo waya daga gidan gwamnati, da injiniyan da yake roƙon kuɗin man janareto yayin da ake taro a kan sabon taken tasha. Ya ƙirƙiri sunan tasha da na gari, kada ya kama sunan kowa, kuma ya nemi lauya ya duba masa rubutun kafin ya ɗauka. Ba na jin wata tasha za ta karɓa a karon farko, don haka ya fara sakawa a YouTube kashi-kashi, kamar yadda masu fina-finan Hausa masu dogon zango suke yi yanzu. Idan ya samu masu kallo, tashoshin da kansu za su neme shi, kuma a ranar ce zai bukaci ya karanta yarjejeniya da kyau, musamman sakin layin da ya ba su ikon yanke abin da ba su so.